Hoton Sambo da Malfarsa

Duk wanda ya riƙe waya a yau gani yake ya zama mai hoto. Jikokina ma haka suke gani. Sai su zo shagona da ke bakin kasuwar Rogo, su baje a kan benci suna kallona ina gyara wa mutum kafaɗa, ina ce masa ya ɗan sauke haɓa, su ce, "Baba, duk wannan wahalar ta mece ce? Ai dannawa kawai ake yi." To, dannawa ce. Amma ni Isyaku Mai Hoto na yi furfura ina dannawa, kuma har yau idan baƙuwar fuska ta tsaya a gabana sai na yi tunani kafin yatsana ya motsa. Ku gyara zama in gaya muku abin da ake yi kafin a danna.

Hoton farko da aka bari na ɗauka da hannuna na wani direban tifa ne, a Ƙaraye, a shagon maigidana Baba Rafi'u. Mutumin ya sayi sabon takalmi, tunda ya shigo yake nuna mana shi, ni kuma hankalina ya tafi can ƙasa. Da aka wanke hoton sai ga takalmi tsaf har da ƙyalli, amma hula da rabin goshi babu. Baba Rafi'u ya daɗe yana duban hoton, sannan ya miƙo mini ya ce, "Isyaku, ka kai wa mai takalmin, ka ce ya aiko da mai kan." Iyakar faɗan ke nan. Bayarabe ne, ya zo Ƙaraye tun yana saurayi. Ku da kuka tashi da fina-finai, kun saba idan an fito da Bayarabe sai ihu da gurɓatacciyar Hausa. Nawa maigidan sai ka matso kusa kafin ka ji abin da yake faɗa, kuma shi yake gyara mini Hausa idan na yi kwaɓa.

A wurinsa na koyi ɗakin duhu. Ɗan ƙaramin ɗaki ne ba taga, da jan ƙwan lantarki, da farantan ruwan magani a jere. Za ka tsoma farar takarda kana girgiza farantin a hankali, sai ka ga ido ya fara fitowa, sai hanci, sai mutum gaba ɗaya yana kallonka daga cikin ruwa. Ka yi jinkiri ya ƙone, ka yi gaggawa ya fito kamar wanda ya tashi daga jinya. Da hoto mai launi ya shigo sai muka koma kai fim Kano a wanke. Ka ɗauki bikin mutane tun daga kamu har buɗar kai, ka hau mota da fim a aljihu, ba ka san abin da ke ciki ba sai an miƙo maka. Ku da kuke ɗauka ku duba ku goge ku sake, ba ku san faɗuwar gaban nan ba.

Da na gama koyo na samu 'yanci na dawo Rogo na buɗe nawa, Baba Rafi'u ya ba ni kyamara da ƙafarta, da labulen bango mai zanen bene da jirgin sama, da wata akwatin ƙarfe. Akwatin nan ita ce rabin sana'ar a wancan lokacin. A ciki akwai kwat, da taye, da baƙin tabarau, da agogon da bai taɓa tafiya ba, da kan tarho mara waya. Manomi zai sayar da gyaɗarsa, ya shigo da ƙurar gona a ƙafa, ya fita a hoto yana magana a tarho a gaban bene. Ban taɓa yi wa kowa dariya a kan haka ba. Mutum ya yi noma shekara guda, ai ya isa ya ga kansa yadda ransa yake so.

Amma idan ana maganar masu son hoto, babu kamar Fulanin rugagen da ke kewaye da mu. Da Salla sai su cika ƙofar shago, samari da 'yan madubansu, 'yan mata da ƙwarya da azurfa. Su ba ruwansu da akwatina, da kayansu suke zuwa. Wanda ya yi kyau a cikin hotunan sai in nemi izinin mai shi in wanke biyu, in liƙa ɗaya a allon da ke ƙofar shago. Allon nan shi ne tallata. Ranar kasuwa mutane kan tsaya a gabansa suna neman 'yan garinsu, suna gardamar wanda ya fi wani iya tsayuwa.

Shekarar da na sha wuya ita ce wadda waya mai kyamara ta cika gari. Salla ta zo, na share shago, na wanke labule, na zauna. Sai in ga samari sun tsaya a gaban shagona, sun juya mini baya, suna ɗaukar junansu da allona a bayansu. Abokan sana'ata wani ya koma acaɓa, wani ya koma gona gaba ɗaya. Ni ma na kusa. Abin da ya riƙe ni shi ne fasfo na 'yan makaranta da maniyyata, sai kuma daga baya mutane suka gane cewa hoton da ke cikin waya yana mutuwa tare da wayar. Na sayar da tumaki na sayi kyamarar zamani da na'urar fitar da hoto, na fara zagaya makarantu ranar ziyara. Da haka kasuwa ta dawo, ba kamar da ba, amma ana cin abinci.

Aikin da nake so ku ji sosai shi ne na Sambo. Makiyayi ne daga wata ruga a yankin Ruwan Bago, dogo, mai sanyin magana. Kakanninsa a nan aka binne su. Duk kaka idan an kwashe amfani, shanunsa a gonar Alhaji Habu suke kwana, su ci kara su bar taki, kamar yadda iyayen Sambo da na Alhaji suka yi. Shi da Alhaji Habu ba sa haɗuwa ba su tsokani juna ba, wannan ya ce "Ɗan Fulani", wancan ya ce "Kaɗo". Wata ranar kasuwa na ɗauki Sambo da tsakar rana, ya dawo daga saro wa dabbobi ganye, adda a rataye, sanda a kafaɗa, malfa a kai. Inuwar malfar ta rufe masa ido da hanci, amma tsayuwar ta yi kyau, shi ma ya so ta, na liƙa a allo.

Ban san wanda ya ɗauki hoton daga allon da wayarsa ba. Abin da muka sani, wata rana sai ga shi yana yawo a wayoyi, an rubuta a ƙasansa cewa wannan shi ne shugaban masu satar mutane da ake nema. Ya zaga garuruwan da Sambo bai taɓa takawa ba, sannan ya dawo Rogo. Da farko dariya aka yi ta yi a kasuwa. Sambon da ko kaza ba ya iya yankawa, sai ya aika wa maƙwabci? Amma wanda bai san shi ba, me zai gani? Malfa, sanda, adda, fuska a duhu. Irin siffar da ake nuna masa ke nan kullum a waya da talabijin idan ana maganar ɓarayin daji, har ya zama idonsa ba ya tambaya.

Dariyar ta ƙare ne saboda Hajjo. Ita ce babbar 'yar Sambo, tana makarantar kwana ta 'yan mata a ɓangaren Ƙaraye, kuma bai taɓa fashin ranar ziyara ba. Wasu 'yan ajinsu sun ga hoton lokacin hutu, sun kuma gane mutumin da yake kawo mata nono da fura. Suka laƙaba mata 'yar ɗan bindiga. Da ziyara ta matso sai ta aiko a gaya wa innarta ta zo ita kaɗai, kada Baffa, wato Sambo, ya zo.

Ranar kasuwa Sambo ya shigo shagona. Muka gaisa, ya tambayi iyali, na tambayi ruga da shanu, sai ya juya yana duban akwatin ƙarfe.

"Malam Isyaku, kwat ɗin nan yana nan?"

Na ce yana nan.

"Ka sa mini shi ka ɗauke ni. A sa a waya, a ce ga ni, ni ba wancan ba ne. Kuma ka ara mini shi in je wa yarinyar nan da shi. Idan ban yi kama da Bafulatanin daji ba, ƙila ba za ta ji kunya ba."

Tausayinsa ya kama ni ƙwarai. Ban yi musu ba, don sana'ata ke nan, wanda ya ce a mayar da shi wani abu sai in mayar da shi. Na karɓi malfa da sanda na ajiye a lungu, na kakkaɓe kwat na zura masa. Hannun kwat ɗin ya tsaya masa a tsakiyar damtse da wuyan hannu. Ina ƙoƙarin ɗaura masa taye sai ga Alhaji Habu ya leƙo, ya zo karɓar fasfon ɗansa. Ya dubi Sambo sama da ƙasa, ya dafa ƙofa, ya yi dariya har da tari.

"Isyaku, wannan wane lauya ne ya ɓata hanya?"

"Kaɗo, yau ba na wasa," in ji Sambo.

Na yi wa Alhaji bayani a taƙaice. Dariyar ta ɗauke daga fuskarsa. Ya shigo ya zauna a kan benci, ya ɗauko malfar daga lungu yana juya ta a hannu.

"Sambo, ka ji ni da kyau. Idan sai ka cire wannan ka sa kwat za a yarda kai mutumin kirki ne, to ka yarda ke nan duk mai malfa ɓarawo ne. Kai ka tsira. Ƙannenka fa? 'Ya'yanka maza da ke bin shanu fa? Kwat nawa Isyaku yake da shi?"

Alhaji ya miƙa masa malfar.

"Mayar da malfarka. Ɗauki sandarka. Ni zan tsaya kusa da kai, a ɗauke mu tare. Wanda ya ce kai ɓarawo ne sai ya ce ni ne mai ajiye maka kaya."

Nan fa aikin ya dawo kaina. Na ce, "Alhaji, maganarka gaskiya ce, amma malfar nan ita ce ta jawo mana. Rana tana tsaka, inuwa za ta sake rufe masa ido. Ko dai ya cire ta ya riƙe a hannu, ko ya tura ta ƙeya." Alhaji ya ce ba za a cire ba, ba za a tura ba, yadda yake sa ta haka za ta zauna, in kuwa ban iya ba in faɗa a kira yaro mai waya. Kun ji inda ya taɓa ni.

Filashi ba zai yi ba, zai sa ido ya yi ƙyalli, fuska ta yi fayau kamar ta wanda aka kama. Abin da ake bukata haske ne mai laushi da zai taso daga ƙasa ya shiga ƙarƙashin malfar. Na leƙa waje sai na hango babban tiren Hajiya Tabawa mai abinci yana sheƙi a rana. Na je aro. Ta ce tirenta ba ya zuwa ko'ina ba tare da ita ba, don an sha aron kayanta ba a dawo da su ba. Da ta ji don Sambo ne sai ta juye kwanukan da ke kai, ta goge shi da gefen zane, ta biyo ni. Na fito da su Sambo ƙofar shago, na tsayar da ita a gefe, na nuna mata yadda za ta karkata shi. Ta yi sama da shi, hasken ya doki idon Alhaji Habu, ya yi ta masifa. Ta yi ƙasa kaɗan, sai ga fuskar Sambo ta fito sarai a ƙarƙashin malfa, har tsagen da ke kumatunsa.

To, kun san kasuwa. An ga Hajiya Tabawa ta bar tukunya tana riƙe da tire a tsakiyar hanya, ai sai aka taru. Da aka ji dalili, wani ɗan acaɓa ya jingine babur ya ce shi ma a sa shi, don Sambo ne ya taɓa fito masa da babur daga laka da bijimi. Liman yana dawowa daga masallaci ya shigo sahu. Sarkin fawa ya zo da wuƙarsa a ƙugu, muka ce don Allah ya ajiye ta, abin da muke gudu ke nan. Masu awon hatsi, malamin firamare, tela da tef a wuya, kowa yana turawa ya tsaya kusa da Sambo. Ina ja da baya da ƙafar kyamara har na shiga rumfar mai tumatir. Dogaye a baya, gajeru a gaba, wanda ya rufe wani in daka masa tsawa. Rabon da in ji daɗin aiki irin na ranar nan na manta.

Saura abu guda. Sambo ya ƙame kamar an dasa shi. Mutanensa ba sa buɗe haƙori a gaban jama'a, balle a hoto, kunya ce da tarbiyya. Amma fuskar da ba ta motsi ita ce kowa yake rubuta abin da ya ga dama a ƙasanta. Na ce ya saki fuska, ya ƙara ɗaurewa. Ban danna ba. Hajiya Tabawa ta fara ƙorafi, tana cewa tuwonta zai kama. Sai na ga Alhaji Habu ya karkata ya ce masa, ba da ƙarfi ba amma kowa ya ji, "Shugaban 'yan bindiga, ka tuna ranar da talotalon gidana ya kore ka har ka bar takalmi ɗaya?"

Sambo ya yi ƙoƙarin riƙewa. Kafaɗarsa ta girgiza, ya kai hannu zai rufe baki, hannun bai isa ba dariyar ta ƙwace. Jama'a suka fashe gaba ɗaya. A nan na danna.

Nan ne wayarku ta yi rana, ba zan hana ku haƙƙinku ba. Jikokina da abokansu suka sa hoton a waya, suka rubuta sunansa da rugarsu, da cewa ga mutumin da aka yi wa ƙarya, ga kuma mutanen garinsa. Duk wanda ke cikin hoton ya tura wa nasa. Ba zan ce muku ya kashe na farkon ba, ƙarya tana da ƙafa, har yau wani kan turo shi daga nesa. Na wanke babba na liƙa a allo, na ba wata malamar makarantar su Hajjo da ta zo kasuwa guda ɗaya. Ko ta nuna, ko ba ta nuna ba, ba mu ji ba. Daga Hajjo ma babu wani saƙo.

Ranar ziyara mota ɗaya muka shiga da Sambo da matarsa, ni da kayan aikina, su da ƙwaryar fura da goran nono. Malfa tana kansa, sanda tana hannunsa. Amma kafin mu tashi ya ja ni gefe ya ce in saka kwat ɗin a jakata, ko da za a bukata. Na saka.

A ƙofar makaranta iyaye sun cika, ana ta shimfiɗa tabarmi. Matarsa ta shiga, shi ya tsaya a waje a gindin wata darbejiya, ya ce zai jira ya ji. Na kafa kyamarata a inda na saba, amma idona yana kansa. 'Yan mata suna wucewa suna kallonsa suna raɗa, ban san irin raɗar ba. Mai gadi ma ya dube shi ya sake dubawa. Na ga Sambo ya kai hannu ya taɓa bakin malfar, ya waiwayo yana neman jakata da ido.

Sai ga Hajjo ta fito, ita da wasu 'yan mata a bayanta. Ta tsaya a bakin ƙofa har ta hango shi. Ba ta yi gudu ba, ta tako a hankali har gindin bishiyar, ta durƙusa ta gaishe shi da Fulatanci. Ya amsa kansa a ƙasa. Ta miƙe ta karɓi sandar daga hannunsa ta riƙe, ta ce da Hausa yadda na baya za su ji, "Baffa, me ya sa ka tsaya a waje? Ƙawayena ne suka zo gaishe ka."

Suka durƙusa ɗaya bayan ɗaya. Wata 'yar ƙarama a cikinsu ta kasa haƙuri, ta ce, "Baba, wai me aka faɗa maka a hoton nan kake dariya haka?" Sambo ya ce wannan sai dai a tambayi wani Kaɗo mara kunya a Rogo. Farin ciki ya cika ni har na rasa abin da zan yi da hannuna, na hau goge gilashin kyamarar da ba ta yi ƙura ba.

Hajjo ta jawo shi har gabana, sandar tana hannunta.

"Baba Mai Hoto, ina wuni? A ɗauke ni da Baffana. Babba nake so, wanda zan kafa a gefen gadona."

Na duba sama, rana tana tsaka. Bakina ya riga tunanina, irin na mai sana'a, na ce, "To, malfar fa?"

"Da ita," ta ce. "Bari in aro tire a kicin."